Shafi Na Goma Sha Tara

A Youngstown, bayan an kashe wutar masana'antar ƙarfe,
ina ɗan shekara sha ɗaya,
aljihuna sulalla uku ne da maɓallin riga.
Shagon Madam Pruitt na warin tsohuwar takarda,
kyanwarta kwance bisa mujallun zane
kamar ita ke biyan haya.

Na san jarumin tun ban iya ɗaure takalmi ba.
Kowane wata sai ya iso kan kari:
jirgi na shirin kifewa, ya tare,
ɓarawo ya sha naushi, gari ya yi tafi,
rigarsa ko ƙura ba ta ɗauka.

Wannan watan kuwa, bangon baƙi ƙirin.
Madam Pruitt ta dube ni ta saman tabarau,
ta ce, "Emmett, wannan ba na yara ba ne,"
ta kuma karɓi kuɗina.

A ciki ya tsufa.
Gwiwa na ciwo, haƙori ya fita,
yana haɗiyar ƙwaya da ruwan famfo.
Birnin da ya yi wa bauta ya sa kuɗi a kansa.
Ga yarinya a kan gada, igiya na tsinkewa zare-zare,
ga shi yana gudu, gida shida na zane yana gudu,
na juya shafi da tabbacin ɗan da bai taɓa rashi ba.

Shafi na goma sha tara: tawada zalla.
Ba fuska, ba gada, ba ruwa.
Can ƙasa, da ƙananan baƙaƙe:
"Na makara."

Na jefar da shi ƙarƙashin tebur, na ƙi cin abinci.

Tsakar dare ƙishi ya tashe ni.
Babana, Casimir, wanda bai karanta komai sai takardar albashi,
wata bakwai ke nan babu ko ita,
yana zaune cikin hasken firji a buɗe,
yatsansa mai tabon wuta a kan baƙin shafin.
Ya daɗe.
Bai juyo ba ya ce,
"Wannan dai bai yi mana ƙarya ba."

Daga nan duhu ya yi kasuwa.
Kowa ya sayi baƙar tawada da durom,
kowane jarumi ya ɗaure fuska kamar mai bin bashi,
ruwan sama ba ya ɗaukewa a biranensu,
a silima har sai ka ƙanƙance ido kafin ka ga wa ke dukan wa.
Sun kwashi baƙin, sun bar dalilinsa.
Ba kowane mai zub da hawaye aka yi wa mutuwa ba,
wani albasa yake yanka.

Ni dai motar asibiti nake tuƙawa, shekara ashirin da shida.
Na san titin da ƙanƙara ke cin taya.
Na iso kan kari sau ba adadi,
ban riƙe fuskar ko ɗaya ba.
Sau tara na makara.
Na san sunayensu, da launin labulen ɗakunansu,
kuma washegari na sa takalmi na koma,
don a shafi na ashirin shi ma abin da ya yi ke nan:
ya zauna bakin gado, ya ɗaure gwiwa da tsumma.

Bara wani mai tara tsofaffin mujallu ya taya dala ɗari huɗu.
Na je ɗaukowa, na tarar jikata Noreen ta riga ni.
Da alli mai ruwan ƙwai
ta zana rana a tsakiyar shafin,
karkatacciya, mai ƙafafu bakwai.
Ta ce, "Kaka, ai ba ya gani ne."

Mutumin ya duba, ya ce yanzu ko dala biyar ba ta kai ba.
Na raka shi har bakin ƙofa.
Allin bai rufe rubutun ba,
in ka karkata shafin wajen taga, yana nan.